Amsoshin Tambayoyinku: Bin Yarima, Kara da Shigege

Wani ɗalibi mai karanta ilimin zamantakewa a Zariya ya aiko da tambaya: "Malam, an koya mana yadda mutum kan ajiye ra'ayinsa ya bi na jama'a. Da na tashi yin bayani da Hausa sai na ce 'bin Yarima a sha kiɗa'. Na yi daidai?"

Ɗana, ka kusa, amma da saura. Mu fara da hoton da ke cikin maganar. Yarima ya hau, makaɗa suna gaba suna yi masa kirari. Kiɗan nasa ne, don shi aka ɗaura ganga. Sai ga wasu a baya, ba a gayyace su ba, ba su ma san inda aka nufa ba, amma kunnensu na shan daɗi kyauta. To mai bin Yarima ba tilasta masa aka yi ba, kuma bai ajiye wani ra'ayi nasa ba, don tun farko ba shi da shi. Garaɓasa ya gani ya bi.

Abin da malamanku suke nufi ya fi wannan ciwo. A 1951 wani masanin halayyar ɗan Adam a Amurka, Solomon Asch, ya yi gwajin da har yau ake karantarwa. Sai ya zaunar da ɗalibai kamar takwas, ya nuna musu kati mai zane ɗaya, da wani katin mai zane uku, ya ce kowa ya faɗi wanda tsawonsa ya yi daidai da na farkon. Amsar a fili take, ko yaro zai gane. Sai dai duk mutanen ɗakin an haɗa baki da su, ban da mutum ɗaya, kuma an shirya shi zai amsa kusan a ƙarshe. Tambayoyi 18 ne, a 12 daga ciki sai 'yan haɗin bakin su faɗi amsar ƙarya baki ɗaya, ba tare da ko murmushi ba. Kusan kashi uku cikin huɗu na waɗanda aka gwada sun bi ƙaryar aƙalla sau ɗaya, alhali in an bar mutum shi kaɗai kuskurensa bai kai kashi ɗaya cikin ɗari ba.

Ka ga wannan bawan Allah ba kiɗa ya je sha ba. Idonsa ya gaya masa gaskiya, bakinsa ya ƙi fitar da ita. Bahaushe yana da kalmomi kusa da nan: gudun a ce, da kara, da jin nauyi. Ka tuna taron dangi a zaure, an yanke shawarar da kai ka san ba za ta haifi ɗa mai ido ba. Baffa ya yi magana, kawu ya ce haka ne, aka juyo gare ka. Ka sunkuyar da kai, ka ɗan gyara hula, ka ce "duk yadda manya suka gani." Wannan shi ne mutumin Asch, ba wani ba. Da ni ne kai zan rubuta "bin jama'a don gudun fita zakka", in ajiye Yarima don 'yan siyasar da ke sauya sheƙa washegarin zaɓe.

Wani abu a gwajin ya fi burge ni. Da Asch ya sa mutum ɗaya tak cikin 'yan haɗin bakin ya faɗi amsar gaskiya, sai bin ƙaryar ya faɗi warwas. Mun saba cewa sarkin yawa ya fi sarkin ƙarfi, to ashe ƙarfin sarkin yawa a haɗin baki yake. Da an sami ɓaraka ɗaya, shi ke nan.

Kada kuma ka haɗa wannan da "zama da maɗaukin kanwa shi ke kawo farin kai". Can ba wanda ya matsa maka, ba ka ma san lokacin da ƙurar ta hau kanka ba. Na mutumin Asch sauyin baki ne na ɗan lokaci, na mai zama da maɗaukin kanwa kuwa sauyin hali ne a hankali.

Wata malamar makaranta daga Maraɗi ta ce: "Mene ne bambancin kunya da kara?"

Malama, kunya kanki take tsarewa, kara kuwa wani ake yi wa. Uwar da ba ta kiran sunan ɗanta na fari kunya take ji. Wadda maƙwabciya ta ari tukunyarta ta dawo da ita a fashe, ta karɓa ta ce "ba komai", kara ta yi. Shi ya sa muke cewa "jin kunya" amma "yin kara". Baƙon da aka ce masa bismilla ya ce ya ƙoshi alhali cikinsa na kuka, wannan fulako ne, kalmar da muka aro daga "pulaaku" na Fulatanci.

Ta ƙarshe daga wani tela a Kumasi. Ya ce wani dattijo ya kira shi shigege, yana so ya san ko zagi ne.

Ya danganta da muryar da aka faɗa, amma ba yabo ba ne. Shigege daga "shiga" take: wanda ya shiga sana'ar da bai gada ba. Wasu kan ce ɗan haye. Kishiyarsa ɗan gado. M. G. Smith, wanda ya yi bincike a ƙasar Zazzau a 1949 zuwa 1950, ya rubuta cewa Hausawa na raba sana'a gida biyu, karda wato ta gado, da shigege, kuma a lokacin ɗan gado ya fi daraja. Masana zamantakewa ma suna da wannan rabon tun daga Ralph Linton a 1936: matsayin da aka haife ka a cikinsa, da wanda ka nema da guminka. Kalmar ta fi cizo a ƙira, da fawa, da wanzanci, da kiɗa, inda gida ke riƙe da asirin sana'a har da sarautarta, kamar Sarkin Maƙera da Sarkin Fawa.

Amma ɗinkin keke, ranka ya daɗe, ai kowa shigege ne in an ja zaren da nisa, tunda keken da kansa baƙo ne. Ka tambayi dattijon da ladabi ko kakansa na uku ya taɓa taka shi.