Ratsin da ke kan 50 kDa: tau ne ko jinin ɓera?

Ka ce ka yi westan bulot (gwajin da ke jera furotin bisa nauyinsu, su fito kamar ratsi) da ƙwaƙwalwar ɓera, ka sa AT8, antibodin da ke kama tau, wani furotin na ƙwayoyin jijiyar ƙwaƙwalwa, sai ga ratsi mai kauri wajen 50 kDa (ma'aunin nauyin furotin) a duk layuka, har na lafiyayyun ɓeraye, kana tambaya ko tau ne mai ɗauke da fosfet. Ɗana, dakata tukuna, kada ka rubuta komai.

AT8 a jikin ɓera aka samar da shi. Antibodi na biyu da ka ɗora a kai don ratsin ya bayyana, IgG na ɓera yake nema (nau'in antibodin da ke cikin jini, AT8 ma irinsa ne), kuma ba ruwansa da ko AT8 ne ko IgG na jinin da ya saura cikin ƙwaƙwalwar. Babbar sarƙar IgG tana tsayawa tsakanin 50 da 55 kDa, shi kuwa tau yana bazuwa daga 45 zuwa 65. Wuri ɗaya suke kwana.

Gobe ka sake jera samfuran, amma kada ka sa AT8 sam, na biyun kaɗai. In ratsin ya fito, ka kama ɓarawon.

Maganin da na fi so shi ne tafasawa. Tau ba ya dunƙulewa da zafi kamar yawancin furotin. Bar samfurin minti 10 a digiri 95, kafin ka zuba SDS (sinadarin da ke warware furotin), ka juya shi a sentirifuj, ka ɗebi ruwan sama. IgG ya kwanta a ƙasa, tau yana cikin ruwan. Ko ka sayi antibodi na biyu mai kama ƙaramar sarƙar IgG kaɗai, wadda ke can ƙasa wajen 25 kDa. Wasu za su ce ka wanke jinin da ruwan gishiri kafin ka cire ƙwaƙwalwa. Yana aiki, amma sai an sa wa ɓeran maganin barci, jikinsa ya yi sanyi, sanyin nan kuma yana ƙara wa tau fosfet. Ka gyara wata ɓarna ka jawo wata.

Bayan haka ka tabbatar AT8 ɗin kansa gaskiya yake faɗa. Yana kama tau ne idan akwai fosfet a wurare biyu na jikinsa, Ser202 da Thr205. Raba samfur biyu, ka zuba wa rabi lamda fosfatas, enzayim mai cire fosfet. Dole ratsin ya ɓace a wannan rabin. In kana da ƙwaƙwalwar ɓeran da aka cire wa ƙwayar halittar tau, ba shi layi guda, ya fi kowace shaida. Tau-5 kuma, antibodin da ke kama tau ko da fosfet ko babu, ya nuna maka jimillar tau, domin da shi za ka raba sakamakon AT8.

Fosfet ɗin yana zubewa cikin mintuna bayan mutuwar dabba, don haka ka yi aikinka kan ƙanƙara, da sodiyam fuloraid, mai hana cire fosfet, cikin ruwan niƙa. Wajen toshe takardar bulot don kada antibodi ya manne ko'ina, ajiye madara, akwai furotin kasin mai fosfet a ciki. Sa BSA (furotin jinin shanu) kashi 5 cikin ɗari a TBST, ruwan wanke bulot.