Abin da muke nema a finafinanku

Malam, ka tambaye ni me ya sa mu Hausawan Sudan muke rububin finafinan Kano haka, alhali yawancinsu soyayya ce da waƙa. To, ba labarin muke bi ba.

Kakanninmu sun baro gida ne bayan yaƙin Burmi a 1903, inda Turawa suka kashe Sarkin Musulmi Attahiru. Ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ja ragowar jama'a ya yi gabas, har suka kafa garin da ke ɗauke da sunansa kusa da Sinnar a nan Sudan. Wasu kuma mahajjata ne da guzuri ya ƙare musu, suka tsaya noman auduga a Jazira. A kasuwa Larabci muke yi, Fallata ake ce mana. Hausa sai an shiga gida.

In an kunna fim a tsakar gida bayan isha'i, ka zo ka ga kakata. Ba ruwanta da wa zai auri wa. Sai ka ji ta ce, "Tsaya, mayar baya!" don ta hango akushi, ko ta ga yarinya ta durƙusa ta gai da suruka. Ta dafa jikanta ta ce haka uwarta take yi. Ita kuwa ko sau ɗaya ba ta taɓa taka ƙasar Hausa ba. Da 'yan fim sun fara surka Turanci sai ta tsuke fuska, kamar yadda na san za ku yi in kun ji Larabcin da ke cikin Hausarmu.

Abin da ke ci mini rai shi ne har yau ban ci karo da fim ɗaya a kan hijirar nan ba. Ko fim ɗin Shaihu Umar na Adamu Halilu, na 1976, wanda uwa ta ratsa hamada neman ɗanta, ɓacewa ya yi shekara da shekaru, sai a 2016 aka tsinto shi a wata ma'ajiyar finafinai a Najeriya.

A 2022, da rikici ya ɓarke a yankin Damazin aka ce mu baƙi ne, ba mu da ƙasa, ɗana ya tambaye ni daga ina muke. Ban da bakin kakata ba ni da abin nuna masa. Malam, in ka san mai kyamara a Kano, ka gaya masa tsofaffinmu suna ƙarewa, ya zo tun da sauran masu ba da labarin.