Tambaya da Amsa: Me ya sa ake korar mai ƙarfi a gasar tsibiri?

Tambaya: Salamu alaikum. Muna kallon Koh-Lanta a majalisarmu, amma abu ɗaya ya ɗaure mana kai. A kokowa wanda ya kayar da kowa shi ke ɗaukar takobi, a can kuwa wanda ya fi kamun kifi da cin wasanni shi ake kora. Dama haka gasar take tun asali? Daga mai karatu a unguwar Zariya, Maradi.

Amsa: Wa alaikumus salam, Malam. Ita wannan gasa ta talabijin, 'yan gasar da kansu ke jefa ƙuri'a su kori ɗayansu, don haka lissafin ƙuri'a ke yanke hukunci a cikinta, kuma lissafin ya yi ta sauyawa.

An fara ta a Suwidin a 1997, Amurka ta ɗauka a 2000 da sunan Survivor, Faransa ta bi a 2001 da sunan Koh-Lanta. A zagayen farko na Amurka mutum 16 aka kai wani tsibiri a yankin Borneo na ƙasar Malesiya na kwana 39, aka raba su ƙungiya biyu. Yawancinsu kowa na jefa ƙuri'arsa yadda ransa ya so. Richard Hatch ya haɗa kai da mutum uku, su huɗu suna rubuta suna ɗaya, suka yi ta tsince sauran ɗaya bayan ɗaya har ya ci dala miliyan ɗaya. Daga nan kowa ya gane cewa da zarar an haɗe ƙungiyoyin biyu, mai ƙarfi ya zama barazana, don in ya ci wasan kariya ba a iya taɓa shi. Shi ya sa ranar da ya faɗi, a daren ake sallamarsa.

Abin da ya rikita rinjaye shi ne layar kariya da ake ɓoyewa a daji, wadda ta shigo gasar Amurka a 2005. Tun 2007 ana fito da ita bayan an jefa ƙuri'a, kafin a karanta, sai ƙuri'un da aka yi wa mai ita su mutu. Maganin da aka samo shi ne raba ƙuri'a. In ku shida ne, su uku, sai ku zuba uku a kan ɗaya, uku a kan wani. Ko layar ta fito, an yi kunnen doki, a sake zaɓe ku yi nasara. Sharaɗin dai ku ninka su, kuma kada ko mutum ɗaya ya zame. A 2010 Tyson Apostol ya sauya tasa ƙuri'ar a irin wannan tsari, Russell Hantz ya miƙa wa Parvati Shallow laya, Tyson ɗin ne ya tafi gida.

Daga wajen 2015 ƙawance ya koma na dare ɗaya, gobe a sake lale.

Inda gwanaye suka fi faɗuwa kuwa shi ne ƙarshe, tunda waɗanda ka kora su ne alƙalanka. Russell ya tono layu ba tare da an ba shi alama ba a gasar da aka yi a ƙasar Samowa a 2009, ya juya kowa, amma ya ɓata wa mutane rai, Natalie White ta doke shi da ƙuri'a 7 da 2. In kuna kallo, ku lura da wanda ke zama da wanda za a kora, yana rarrashinsa kafin a tafi zaɓe.