Tambaya da Amsa: Littattafan da za su taimaki mai renon ɗan mutawassiɗ

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ni mazauniyar Makka ce, kuma da yamma ina karantar da yaran maƙwabta, yawancinsu 'yan aji ɗaya zuwa aji uku na mutawassiɗ, wato ƙaramar sakandare. Babban yarona ma bana ya shiga aji ɗaya. Lokacin da yake ibtida'i, wato firamare, yakan dawo ya ba ni labarin duk abin da ya faru a makaranta, amma yanzu in na tambaye shi sai ya ce ba komai, ya shige ɗaki. Sakamakonsa da nake dubawa a Noor, shafin intanet na ma'aikatar ilimi, ya ja baya, ga saurin fushi, ga wahalar tashi da asuba. Waɗanne littattafai zan karanta don in fahimci yaran wannan shekaru, in kuma san yadda ake koyar da su? Ina karanta Larabci da Hausa. (Daga wata uwa, Makka)

Amsa: Wa alaikumus salam Malama, Allah ya shirya mana zuriya. Abin da kika bayyana sananne ne ga duk wanda ya taɓa tsayawa gaban ajin mutawassiɗ. Shekaru ukun nan da tsarin Saudiyya ya sa tsakanin shida na ibtida'i da uku na sanawi (babbar sakandare), wato daga kamar shekara 12 zuwa 15, su ne suka yi daidai da balaga ga yawancin yara. Jiki yana canzawa da sauri, alhali sashen gaba na ƙwaƙwalwa, wanda ke kula da tsara al'amura da danne fushi, ba ya gama nuna sai mutum ya haura shekara ashirin. Barci ma yana komawa baya, yaro ba ya jin sa da wuri kamar da, ga shi likitoci sun ce ɗan shekara 13 zuwa 18 yana bukatar awa 8 zuwa 10 a kowace rana. A gari irin Makka, inda ake raya dare kuma makaranta take farawa da sassafe, ki fara lissafa awoyin barcinsa tun kafin ki nemi littafi, domin wani ɓangare na fushin nan gajiya ce.

Shawarata ita ce kada ki tara littattafai da yawa, kuma ki karanta su da niyyar gane yaron, domin na sha ganin iyaye suna karanta littafin tarbiyya don su samo hujjar da za su ƙure ɗansu da ita, kuma irin wannan karatun ba ya ƙara komai sai nisa tsakaninsu.

Ki fara da magabata, tunda kina da Larabci. A cikin Muƙaddimar Ibn Khaldun, wanda ya rasu a 1406, akwai fasali gajere a kan cewa tsanantawa tana cutar da ɗalibai. Ya bayyana cewa wanda aka rena da ƙuntatawa da tilas, nishaɗinsa yana gushewa, kasala ta kama shi, ya koyi ƙarya da yaudara saboda tsoron hannun da zai sauka a kansa, har wannan ya zame masa ɗabi'a. A wurin ne kuma ya kawo wasiyyar Haruna Rashid ga malamin ɗansa Al-Amin, cewa kada sa'a ta wuce bai amfanar da yaron da wani abu ba, ba tare da ya baƙanta masa rai ba don kada ya kashe masa basira, kuma kada ya yi masa sakacin da zai sa ya saba da zaman banza. Shafuka kaɗan ne, amma sun cancanci a maimaita su. Sai Imam Ghazali, wanda ya rasu a 1111. A cikin Ihya, inda ya yi magana a kan horar da yara, ya ce idan yaro ya yi kuskure sau ɗaya, musamman in ya yi ƙoƙarin ɓoyewa, a kau da kai kada a tona shi, kuma kada a yawaita masa faɗa a kowane lokaci, domin jin zargi zai zame masa abu mai sauƙi, magana ta daina tasiri a zuciyarsa. Ya kuma ce a bar shi ya yi wasa bayan ya taso daga makaranta. Wannan ya shafe ki kai tsaye, domin yaran da suke zuwa wurinki da yamma sun riga sun wuni a aji, saboda haka darasin da ya yi tsawo ba hutu asararsa ta fi ribarsa. A matsayinki na mai koyarwa kuma, littafin Adabul Mu'allimin na Ibn Sahnun, malamin Malikiyya na Ƙairawan da ya rasu a 870, ya yi magana a kan adalci tsakanin ɗalibai da hana malami hukunci yana cikin fushi, kuma babu abin da ɗan shekara goma sha uku yake saurin ganewa kamar fifita wani a kansa.

A cikin na zamani, Tarbiyatul Aulad fil Islam na Abdullahi Nasih Ulwan, mutumin Halab da ya koyar a Jami'ar Sarki Abdul'aziz ya kuma rasu a Jidda a 1987, yana nan a gidaje da yawa. Littafi ne na dubawa idan mas'ala ta taso, kuma babinsa a kan hukunce-hukuncen balaga zai taimaka wa mahaifin yaron ya yi masa bayanin wanka da tsarki kafin ya ji daga bakin abokai. Sai dai an rubuta shi kafin waya ta shiga aljihun kowane yaro, kuma wa'azi ya fi yawa a cikinsa a kan bayanin halin yaro. Don wannan ɓangaren ki nemi Al-Murahiƙun (wato masu shiga balaga) na Abdul'aziz An-Nugaimishi, wanda aka rubuta don iyaye da malamai, ko Al-Murahiƙ na Abdulkarim Bakkar, wanda ya fi gajarta da sauƙin harshe. Ɗaya daga cikinsu ya isa.

Nau'in da na fi so ki ba lokaci shi ne tarihin rayuwa, inda manya suka tuna ƙuruciyarsu, domin a nan ne ake jin yadda abin yake daga cikin zuciyar yaro. A kashi na farko na Al-Ayyam, wanda ya fito a littafi a 1929, Ɗaha Husaini ya ba da labarin yadda ya haddace Alƙur'ani yana ƙarami, aka fara kiransa shaihi, aka sake masa, har ranar da mahaifinsa ya ce ya karanta Suratus Shu'ara a gaban baƙi. Ya buɗe baki ya faɗi harufan farkon surar, ya maimaita su, ya kasa wucewa. Duk uwar da ta karanta wannan wurin za ta ga yadda kunya take cin yaro idan aka gwada shi a gaban mutane, kuma za ta ga cewa laifin mantuwar bai tsaya a kansa shi kaɗai ba, har da manyan da suka daina bibiyarsa. Yana ɗan shekara 13 ya tafi Azhar, daidai shekarun ɗanki. Akwai kuma Ayyami na Ahmad As-Siba'i, marubucin Makka da ya rasu a 1984, wanda ya siffanta makarantar allo ta garinku da horon da ake yi wa yara a zamaninsa. Irin waɗannan ana iya karanta su tare da yaro, shafi biyu ko uku bayan isha'i, sannan ki tambaye shi ra'ayinsa a kan yaron cikin littafin. Sau da yawa wanda ya ƙi faɗin damuwarsa yakan faɗe ta idan da sunan wani ake maganar.

Idan fushin ya zama duka da fasa kaya, ko ya daina cin abinci, ko ya fara ƙin zuwa makaranta gaba ɗaya, to abin ya wuce na littafi. Mahaifinsa ya je ya ga muwajjih ɗullabi na makarantar, wato malamin da ke ba ɗalibai shawara, domin wani lokaci cin zalin da abokai suke yi wa yaro, har da gori a kan launin fata ko asali, shi ne yake sa shi yin shiru.

Tambaya: Malam, 'yata tana aji biyu na mutawassiɗ a Jidda. Tana jin Hausa amma ba ta iya karanta ta, kuma ba ta son karanta komai sai abin da ke cikin waya. Da wane littafi zan fara mata? (Daga wani uba, Jidda)

Amsa: Alhaji, ka fara da Magana Jari Ce na Abubakar Imam, wanda ya fito a kashi uku a ƙarshen shekarun 1930. Labaransa gajeru ne, kuma ginin kashi na farko shi kansa darasi ne ga iyaye, domin aku ne yake riƙe Musa ɗan sarki a gida da labari bayan labari don kada ya fita ya faɗa hannun maƙiya. Kai ne za ka fara karanta mata da baki tana bin layi da ido, tunda ta san haruffan boko daga darasin Turanci, abin da ya rage mata shi ne ɓ da ɗ da ƙ da 'y da ts, kuma waɗannan ba sa ɗaukar lokaci ga mai jin harshen. Bayan haka ka bar ta ta zaɓi abin da za ta karanta da kanta, ko da Larabci ne. Nancie Atwell, malamar Amurka da ta rubuta In the Middle a 1987 a kan koyar da 'yan wannan mataki, kuma ta karɓi kyautar malami ta duniya a Dubai a 2015, ta gina aikinta a kan barin ɗalibi ya zaɓi littafinsa tare da ware masa lokacin karatu kullum. Ka kai ta kantin littattafai na Jarir ko bikin baje kolin littattafai na Jidda, ka faɗa mata iya kuɗin da za ka kashe, ka duba abin da ta ɗauko don ka tabbata ya dace da shekarunta, sannan ka biya. Littattafan Hausa kuwa da wuya a same su a kantunan nan, sai ka yi saƙo wurin 'yan uwa masu zuwa Umara daga Kano ko Zariya su taho maka da su.