Amsa: shuɗin tabo a jikin farin katako

Malam, ka ce ka sayi farin katakon akwatunan kaya a kasuwar Dole ta Damagaram, ka ga shuɗi-shuɗi a jiki, kana tsoron ko ruɓewa ce. Kwantar da hankalinka tukuna.

Irin wannan katako yawanci daga dazuzzukan itatuwan fain da sufurus na ƙasashen sanyi yake fitowa. Shuɗin nan wata fumfuna ce da ƙwaron ɓawo ke shigarwa cikin itace, irin ƙwaron da ya kashe dazuzzuka masu yawa a Jamus da Cek bayan ƙarancin ruwan sama na 2018. Launi take ɓatawa, ƙarfin katakon kuwa ba ya raguwa sosai.

Wadda nake tsoro ita ce ruɓewar zuciyar itace. Tun itacen yana tsaye take kama shi: takan shiga ta sabon kututturen da aka sare, ta bi saiwa zuwa itacen da ke kusa, ta ci cikinsa. Shi ya sa masu dajin ke shafa wa kututture takin yuriya. Ɗauki ƙusa ka soka: in ta nutse kamar a cikin gurasa, ko wurin ya yi ja yana marmashewa, mayar wa mai shi.

A nan Damagaram bushewar iska na taimakonmu, don fumfuna ba ta cin katakon da danshinsa ke ƙasa da kashi 20 cikin ɗari. Gara ce matsalarmu. Ni ta cinye mini ƙafar benci a damina ɗaya, sai ɓawon fenti ta bari, na ji takaici ƙwarai. Ɗora katakonka kan bulo, kada ya taɓa ƙasa ko bangon laka, ka shafe bakinsa da baƙin mai kafin kafinta ya kafa.