Amsa: Da gaske mutum ne ya bi ta ƙarƙashin keken dawakin nan?

Malam, ka tambaya ko wurin da mahayi ya faɗi tsakanin dawakai a fim ɗin Stagecoach na 1939 dabarar kyamara ce. A'a, mutum ne da ransa, Yakima Canutt, tsohon zakaran gasar hawan dawakai marasa horo, wanda ya yi shekaru yana fitowa a ƙananan matsayi a finafinan kaboyi, yana kuma tsaya wa jarumin fim John Wayne a wuraren haɗari. Dawakai shida ne, bibbiyu a jere. Ya yi tsalle daga dokinsa ya sauka kan na gaba, aka harbe shi a labarin, ya zame tsakaninsu yana riƙe da sandar da ke haɗa su da keken, ƙasa na jan sa. Sannan ya saki, dawakai da keken suka wuce ta kansa.

Sharaɗin shi ne gudu da filin da ba shi da gargada, shi ya sa aka ɗauka a busasshen tafkin Lucerne a Kalifoniya. In dawakai na sukuwa sosai, suna tafiya a miƙe, tazarar tsakaninsu ba ta rufewa. Da sun rage gudu sai su fara karkacewa, kofato ya sami mutum. Dole kuma ya kwanta shame-shame, hannuwa manne da jiki, don kada gatarin ƙafafun keken ya kama shi. Terry Leonard, wani mai tsaya wa 'yan wasa a wuraren haɗari, ya gwada irinsa a wani fim na 1981, dawakai suka taka shi, ya ji mummunan rauni a ƙafa.