Hukuncin Koyon Manhajar Gyaran Hoto da Cin Abinci da Ita

TAMBAYA

Assalamu alaikum, Allah ya gafarta Malam. Ni matashi ne da na gama sakandare, na shiga koyon aiki a wani shagon buga takardu da hotuna, inda maigidana yake koya mini Photoshop da CorelDRAW. Ayyukan da ake kawo mana sun haɗa da katin gayyatar biki, da hoton fasfo, da allon talla, da hotunan kayan sayarwa, da hotunan ango da amarya waɗanda ake so a goge musu ƙuraje a ƙara musu haske. Wani abokina ya ce mini sana'ar haramun ce baki ɗaya, domin masu yin hoto su ne mafi tsananin azaba ranar alƙiyama, kuma gyara fuskar mutum canza halittar Allah ne. Sannan manhajar da ke kan kwamfutar shagon ba sayen ta aka yi ba, fasa ta aka yi. Shin in ci gaba ne ko in bari?

AMSA

Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Godiya ta tabbata ga Allah, tsira da aminci su tabbata ga Manzon Allah da alayensa da sahabbansa.

Ka ci gaba da koyonka, ɗana. Koyon wannan manhaja halal ne, kuɗin da aka samu da ita ta hanyar aiki mai tsabta shi ma halal ne, domin ita kayan aiki ce, kayan aiki kuwa hukuncin abin da aka yi da su suke ɗauka. Sai dai inda hatsarin sana'arka yake ba shi ne inda abokinka ya nuna maka ba, kuma a kan wannan nake so in fi tsayawa bayan na warware shubuhar da ya kawo.

Hadisin da ya ambata ingantacce ne, Bukhari da Muslim sun ruwaito shi daga Abdullahi ɗan Mas'ud, Allah ya yarda da shi, babu kuwa Musulmin da zai yi wasa da shi. Abin da malamai suka yi saɓani a kai shi ne irin surar da wannan narko ya hau kanta. Imam Nawawi da waɗanda suka bi fahimtarsa sun haramta surar duk wani abu mai rai, ko sassaƙa ta aka yi ko zana ta a bango ko a tufa. Malamanmu na Malikiyya kuwa sun rarrabe. Shehu Dardir ya bayyana cewa surar da ta haramta ita ce ta abu mai rai wadda take da inuwa, wato mutum-mutumi, kuma gaɓoɓinta suka cika, amma abin da aka zana a takarda ko a bango bai kai haramun ba, iyakarsa karhanci. Da na'urar ɗaukar hoto ta bayyana sai saɓanin ya ɗauki sabon salo. Shehu Muhammad Bakhit al-Muɗi'i, muftin Masar wanda ya rasu a 1935, ya tafi a kan halaccinta, yana kafa hujja da cewa mai ɗaukar hoto bai ƙagi wata sura ba, ya tsare inuwar abin da Allah ya riga ya halitta ne kawai, kamar yadda fuska ke bayyana a madubi. Shehu Ibn Usaimin ma ya ga cewa hoton na'ura bai shiga ƙarƙashin wancan narko ba, ya mayar da hukuncinsa ga manufar da aka ɗauke shi dominta. Shehu Ibn Baz da Shehu Albani kuwa sun hana, sai abin da lalura ta tilasta, irin su hoton fasfo da katin shaida.

Ni abin da ya fi rinjaye a wurina shi ne halacci, kuma ba na aibata wanda ya ɗauki ra'ayin hani don tsantseni. Amma dole in faɗa maka gaskiya cewa hujjar madubi ba ta rufe dukkan aikinka ba, domin kai hannunka yana shiga cikin hoton. Daidaita haske, da yanke gefe, da cire bango, da gyara launi, duk ba su fitar da hoto daga asalinsa ba. Idan kuwa ka zauna ka ƙago fuskar wani mutum da babu shi, ko da hannunka ko ta hanyar ƙirƙirarriyar basirar da kamfanin Adobe ya shigar cikin Photoshop a 2023, wadda ake rubuta mata umarni ta zana abin da aka ce, to ka matso kusa da inda saɓanin ya yi ƙarfi, kuma barin hakan ya fi in dai ba wata buƙata ta gaskiya ba ce. Wani mutum ya zo wa Abdullahi ɗan Abbas ya ce masa da yin surori yake ci, sai ya karanta masa hadisin narko, da ya ga hankalin mutumin ya tashi sai ya ce masa idan ba makawa sai ya yi, to ya yi itatuwa da duk abin da ba shi da rai. Ka lura bai ce masa ya watsar da sana'arsa ba, hanya ya nuna masa a cikinta.

Maganar canza halitta kuwa ba ta hau nan ba. Aya ta 119 a Suratun Nisa'i, da hadisin da ya la'anci masu yin tsaga a fata su cusa shuni, da masu figar gashin gira, da masu yin wushirya don ado, dukkansu a kan jikin ɗan Adam suke magana. Wanda ka goge wa ƙuraje a kwamfuta yana nan da ƙurajensa, ba abin da ya taɓa fatarsa. Saboda haka laifin, idan akwai shi, ba daga wannan ƙofa zai shigo ba.

Ƙofar da zai shigo ita ce ta algus. Muslim ya ruwaito daga Abu Huraira cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya wuce ta wurin wani tarin abinci da aka kasa don sayarwa, ya cusa hannunsa a ciki, sai yatsunsa suka taɓa danshi. Ya tambayi mai abincin, shi kuma ya ce ruwan sama ne ya taɓa shi. Sai ya ce masa don me bai sa jiƙaƙƙen a sama ba domin mutane su gani, sannan ya ce wanda ya yi algus ba ya tare da shi. A kasuwancin yau hoto shi ne saman tarin. Matar da ke zaune a Gombe ta ga shadda a Instagram ko a WhatsApp, ta tura kuɗi Kano, ba ta da abin dogaro sai wannan hoton da ya fito daga hannunka. Idan hasken shago ya dusashe launin shaddar, kai kuma ka ajiye ta a gefen kwamfutarka ka riƙa daidaitawa har hoton ya koma kalar da ido ke gani, ka yi aiki mai kyau, ka taimaki mai saye da mai sayarwa. Idan kuwa shaddar ta koɗe a wajen ninki, ko tana da ɗigon mai, ka ɗauki wancan alƙalamin da ke kwafo wuri mai kyau ya liƙa a kan mara kyau ka shafe aibin, to kai da mai kayan kun yi tarayya a cikin zunubi, kuma ladan da ya biya ka na wannan aikin ba shi da tsarki. Haka hukuncin yake ga motar da aka goge wa lotsawa, da gidan haya da aka ɓoye tsagewar bangonsa. Motsin hannu iri ɗaya ne a wurare biyun, abin da ya raba su shi ne ko wanda zai dogara da hoton zai ji an cuce shi ranar da ya ga zahirin abin. Wannan tambaya ita nake so ta zauna maka a zuciya duk sa'ad da aka miƙo maka aiki.

Da wannan ma'auni za ka gane hukuncin hotunan ango da amarya. Hoton da za su ajiye a gidansu don tunawa, babu laifi a goge ƙurjin da ya fito jiya zai baje jibi, ko a rage ƙyallin gumi a goshi, matuƙar an suturta jiki yadda shari'a ta ce, kuma an riga an ɗaura auren idan hoton na kusantar juna ne. Amma hoton da za a aika wa mai neman aure ko danginsa, a mayar da baƙa fara, a rage ƙiba, a miƙe hanci, a share tabon da yake zaunanne, wannan yaudara ce a cikin al'amari mafi nauyi, kuma namiji da mace ɗaya suke a ciki. Manzon Allah ya umarci Mugira ɗan Shu'uba ya je ya dubi wadda yake nema domin hakan ya fi sa a daidaita tsakaninsu, hoton ƙarya kuwa yana rushe wannan hikima tun daga tushe. Ya kuma ce mai nuna ya ƙoshi da abin da ba a ba shi ba kamar wanda ya sa tufafin ƙarya biyu ne. Ina ƙara da abin da yake damuna ƙwarai, wato yawan buƙatar a haskaka fata a kowane hoto, har yarinya ta wayi gari tana ƙyamar kalar da Allah ya ba ta, daga nan sai man bilicin. Ba na cewa kowane ƙarin haske haramun ne, amma mai sana'a mai mutunci yana iya nuna wa abokin cinikinsa cewa hotonsa ya yi kyau a kalarsa. Hoton fasfo da na katin shaida kuwa ba a taɓa kamanninsu ko kaɗan, ko zane ne a kumatu ko tabo, domin don a gane mutum aka yi su.

Akwai ayyukan da ba sa buƙatar dogon bincike. Canza sakamakon jarrabawa, da ƙirƙirar rasit ko shaidar tura kuɗi ta bogi, da kwaikwayon hatimin hukuma ko sa hannun wani, duk shaidar zur ce, wadda Manzon Allah ya lissafa cikin mafiya girman zunubai. Ɗora kan wani a jikin wani don a tozarta shi, ko malami ne ko ɗan siyasa ko yarinyar da ta ƙi wani saurayi, ya haɗa izgilin da aya ta 11 a Suratul Hujurat ta hana da ƙagen da aya ta 58 a Suratul Ahzab ta kira zunubi mabayyani, kuma lokacin zaɓe ne aka fi kawo irin wannan aiki da kuɗi mai tsoka. Kada ka karɓa, ko da maigidanka ne ya sa ka, domin babu biyayya ga abin halitta a cikin saɓa wa Mahalicci. Ka gaya masa cikin ladabi. Sannan hotunan matan mutane da ke shigowa kwamfutarku amana ce, ba a nuna wa abokai, ba a yin tallar shago da su sai da izini, kuma a goge su idan aiki ya ƙare. Wanda tsiraici ya bayyana a cikinsa ba naka ba ne ka zauna kana ƙura masa ido da sunan gyara.

Game da manhajar da aka fasa, Majalisar Fiƙihun Musulunci ta Duniya, a zamanta na Kuwait a 1988, ta zartar da cewa haƙƙin ƙirƙira da na wallafa dukiya ce da shari'a ta kare, bai halatta a keta ta ba, kuma a kan wannan nake ba da fatawa. Na san uzurin da ake kawowa, kuma ba na raina shi. Tun 2013 kamfanin Adobe ya daina fitar da sabon Photoshop na saye sau ɗaya, ya koma karɓar kuɗi wata-wata ko shekara-shekara, wannan kuwa nauyi ne ga ƙaramin shago. Amma lalurar da ke halatta abin da aka hana ita ce wadda ba ta da mafita, a nan kuwa akwai mafita. GIMP kyauta ce tun fitowarta, masu ita sun yarda kowa ya sauke ta ya yi kasuwanci da ita, kuma a Maris na 2025 aka fitar da zubinta na 3. Photopea tana aiki a intanet ba tare da an sauke komai ba, tsarinta ya yi kama da na Photoshop, tana kuma buɗe fayilolinsa. Snapseed tana biyan buƙata a wayar hannu, Canva kuma tana da ɓangaren kyauta da ya isa yin katin gayyata. Alhakin fasa ta shagonku yana kan wanda ya sa aka fasa, kai ɗan koyo ne, ba na ce ka bar wurin saboda haka ba, kuma ilimin da ka samu naka ne. Ka yi wa maigidanka nasiha, idan kuma Allah ya buɗa maka naka shagon, ka biya ko ka koma ga ta kyauta.

A wajen koyon kansa, ka fara da hotunan kaya da gine-gine da tsara rubutu, domin nan babu saɓanin kowa, kuma a nan hannu ke faɗawa wajen sanin haske da launi kafin a kai ga fuska. Ka saba da yin kowane gyara a kan shimfiɗa ta daban, wadda 'yan sana'ar ke kira leya, ka bar asalin hoton a ƙasa ba ka taɓa shi ba, sannan ka adana kwafinsa idan na kayan sayarwa ne. Ƙwararru suna yin haka don su iya komawa baya idan gyara ya ɓaci, kai kuma za ka ƙara samun wata fa'ida, domin kafin ka miƙa aiki za ka iya kashe gyaran ka kunna, ka ga da idonka nisan da ka yi daga gaskiyar abin, kuma ranar da mai saye ya yi ƙorafi kana da abin nunawa.

Allah ya sa albarka a sana'arka, ya tsare hannunka daga haram. Wallahu a'alam.